Kwantiras: Allurar Ɗakin Hoto da Ba a Cika Yi wa Majinyaci Bayaninta Ba

A wurin biyan kuɗin hoto na manyan asibitocinmu akwai tambayar da ake yi wa kusan kowa kafin a yanka masa rasit: "Da kwantiras ne ko babu?" Sai mai jinya ya tsaya yana jujjuya takardar da likita ya ba shi. Rubutun ba ya karantuwa, balle ya gane ɗan harafin C da alamar tarawa da aka maƙala a gefe. Abin da yake ganewa nan take shi ne farashin biyu ne, kuma mai tsadar ne nasa. Bai gama haɗiye wannan ba za a ce ya je a yo gwajin ƙoda tukuna, sannan ranar hoton kada mara lafiya ya ci komai na 'yan awanni. A Nijar takardar da Faransanci take zuwa, a rubuta "avec injection", amma tambayar ɗaya ce.

Daga nan zato yake farawa. Wani ya ce dabarar tatsar kuɗi ce. Wata ta ɗauka magani ne, har ta koma gida tana jiran sauƙi. Mafi yawa kuma sun taɓa jin cewa "allurar nan tana kashe ƙoda". Na farko da na biyu kuskure ne zalla. Na ukun yana da tushe, sai dai tsoron ya girmi maganin da ake amfani da shi yau.

Kwantiras sinadari ne da ake sa wa a jiki don a bambance abu biyu da suke fitowa iri ɗaya a hoto. Ana yin allurarsa a jijiya, ana shan wani, ana ɗura wani ta dubura ko ta mahaifa. Wasu na ce masa rini, amma wanda ake allurar fari ne tas, ba ya rina komai, ba ya warkar da komai, kuma a jikin mai lafiyayyar ƙoda kusan duk yana fita ta fitsari cikin kwana ɗaya.

Abin da na'ura ba ta gani

Hasken da ake ɗaukar hoton ƙashi da shi ratsa jiki yake yi. Ƙashi ya tare shi, ya fito fari. Iskar huhu ta ba shi hanya, ta fito baƙi. Matsalar tana tsakani: hanta, saifa, ƙoda, jini, tsoka da ƙarin da ya tsiro a cikinsu duk yawancinsu ruwa ne, don haka duk toka-toka suke fitowa. Na'urar CT, wadda injiniyan Ingila Godfrey Hounsfield ya fara gwadawa a kan majinyaciya a Landan a 1971, ta rage wannan matsala ƙwarai, ba ta kawar da ita ba. A ma'aunin da ke ɗauke da sunansa ruwa sifili ne, iska 1,000 ƙasa da sifili, jini wajen 40, hanta wajen 55 zuwa 60. Ƙarin da ke cikin hantar kan iya bambanta da ita da maki kaɗan kawai, idon likita ya wuce ta kansa bai gani ba.

Aidin, sinadarin nan da ake sa wa a gishiri don maganin maƙoƙo, yana tare wannan haske sosai. In aka ɗaure shi a cikin wani haɗi da jiki ba ya sarrafawa, aka tura wajen mililita 100 a jijiyar hannu, babbar jijiyar da ke fitowa daga zuciya takan tashi daga 40 zuwa 300 ko fiye. Duk inda jini ya je, haske ya bi shi.

A nan ne ainihin gwanintar take, kuma ita ce ba a faɗa wa kowa. Wanda ya taɓa ban-ruwa a fadama ya san in aka buɗe ruwa daga bakin rijiya ba lokaci ɗaya yake isa kowace fangali ba. Ta kusa ta cika, ta nesa tana bushe, in kuma akwai inda kwalbati ya fashe, nan za a ga ruwa ya taru inda bai kamata ba. Mai ɗaukar hoto da agogo yake aiki. Wajen daƙiƙa 30 bayan fara allura, sinadarin yana cikin jijiyoyin da ke kai jini daga zuciya. A daƙiƙa 70 ko kusa da haka ya zaga hanji ya shiga hanta. Bayan minti 5 zuwa 10 ƙoda ta fara tace shi, hanyar fitsari ta haska har mafitsara. Ciki ɗaya ne, amma hoto uku ne mabambanta, kowanne da tambayar da yake amsawa.

Dubi dajin hanta, wanda ciwon hanta nau'in B ya sa ya zama ruwan dare a yankinmu, har yana kama samari 'yan shekara 30. Lafiyayyar hanta kusan kashi uku cikin huɗu na jininta daga hanji yake zuwa. Shi kuwa wannan ƙari daga jijiyar zuciya yake sha. Saboda haka a zagayen farko yakan haska shi kaɗai alhali hantar tana duhu, a zagaye na biyu kuma hantar ta haska shi ya dushe. A hantar da ta riga ta ƙanƙance, wannan saurin haskawa da saurin dushewa kan ishi likitoci su tabbatar da cutar ba tare da an caka allura an ɗebo tsoka ba. In aka makara da daƙiƙa 20 wajen danna na'ura, shaidar ta wuce. Shi ya sa "Baba, ja numfashi ka riƙe, kada ka motsa" ba maganar wasa ba ce, kuma shi ya sa likitan da ya rubuta "ciwon ciki" kawai a takardar neman hoto ya cuci majinyacinsa. Bai faɗa wa mai hoto wane zagaye zai tsare ba.

Ƙwaƙwalwa kuma nata tsarin daban. Jijiyoyinta suna da shinge da ke hana yawancin abin da ke cikin jini tsallakawa. Inda cuta ta fasa shingen, nan sinadarin ke yoyo ya taru. Maruru mai mugunya, dunƙulen tarin fuka, ƙwayar cutar da ke addabar masu raunin garkuwar jiki, da wasu nau'o'in daji, duk sukan fito da zobe mai haske kewaye da duhu. Wannan ya sa kalmar da ake gani a sakamako, cewa wuri "ya ɗauki kwantiras", ba ta nufin daji kai tsaye. Tana nufin jini ya yawaita a wurin ko shinge ya fashe. Kumburi ma yana yin haka, tabon tiyata ma yana yi.

Yadda aka iso nan

Wilhelm Röntgen ya gano hasken ɗaukar hoton ƙashi a Jamus a watan Nuwamba 1895. Kafin ƙarshen Janairu 1896 wasu mutum biyu a Biyana, Haschek da Lindenthal, sun ɗura wani haɗi mai alli a jijiyoyin hannun gawa sun ɗauki hotonsu. Ke nan neman abin da zai haska cikin jiki kusan sa'an hoton ne. Wuyar ita ce samun wanda mai rai zai ɗauka ya tashi.

Hanji ne ya fara samun sa'a. Walter Cannon, yana ɗalibin likita a Harvard, ya riƙa cakuɗa sinadarin bismut a abincin dinya da kyanwa yana kallon yadda loma ke sauka. Wajen 1910 likitocin Jamus suka koma kan bariyom salfet, farin kunun nan mai ɗanɗanon alli da har yau ake ba masu wahalar haɗiya. Abin mamaki, ɗan uwansa bariyom kabonet maganin ɓera ne. Abin da ya raba su shi ne salfet ba ya narkewa, yadda ya shiga haka yake fita. Amma in ana zargin hanji ya huje ba a ba da shi, domin in ya zuba cikin ciki yana haddasa mummunan kumburi.

Ƙwaƙwalwa ta sha wuya. A 1918 da 1919 Walter Dandy na asibitin Johns Hopkins ya ƙirƙiro zuƙe ruwan ƙwaƙwalwa a maye gurbinsa da iska. Ciwon kai da aman da ke biyo baya sai wanda ya gani, amma haka aka yi ta yi har CT ta zo. A 1927 Egas Moniz a Lisbon ta ƙasar Fotugal ya yi nasarar haska jijiyoyin ƙwaƙwalwar mai rai da gishirin aidin. A 1929 wani matashin likita Ba'amurke, Moses Swick, da ke aiki a Balin, ya nuna cewa ana iya yin allura a hannu a ga ƙoda da mafitsara.

Sai kuma babban bala'in fannin, Thorotrast. Daga farkon shekarun 1930 likitoci suka rungume shi hannu bibbiyu. Hotonsa garau, ba zafi, ba amai, majinyaci ya tashi ya tafi gida yana godiya. Ashe sinadarin toriyom da ke cikinsa ba ya fita. Yakan zauna a hanta da saifa da ɓargo yana fitar da tururin nukiliya har ƙarshen rayuwa. Bayan shekara 20 ko 30 aka riƙa ganin dajin hanta da na jini a jikin waɗanda aka yi wa. Sai a shekarun 1950 aka daina shi. Duk tsantsenin da ake yi yau kan me ya fita daga jiki, me ya rage, daga nan ya samo asali.

Magungunan aidin na shekarun 1950 da 1960 suna fita, amma suna da zafi. Likitan Suwidin Torsten Almén, wanda ya gaji da jin ihun majinyata a ɗakin hoton jijiya, ya gane cewa laifin ba na aidin ba ne. Ruwan maganin ne ya ninka jini kauri na gishiri sau biyar zuwa takwas, yana zuƙe ruwa daga bangon jijiya. A 1969 ya wallafa shawarar yadda za a sake gina sinadarin, wani kamfanin Norwe ya karɓa, daga nan aka samu Amipaque, sannan Omnipaque a farkon shekarun 1980. Wani bincike da aka yi a Japan kan allurai sama da 337,000, aka wallafa a 1990, ya nuna mummunan bori ya sauka daga kusan 22 cikin 10,000 da tsohon magani zuwa 4 cikin 10,000 da sabon.

A kan gadon na'ura

Ana sa kanula a gwiwar hannu, a haɗa da famfon da ke tura mililita 3 zuwa 5 kowace daƙiƙa. Ɗumi ya taso daga maƙogwaro ya gangara, baki ya yi ɗanɗanon ƙarfe, sannan abin da ya fi tayar wa mutane hankali: ji kamar fitsari ya kuɓuce. Bai kuɓuce ba. Cikin minti ɗaya ko biyu ya wuce. Jimla ɗaya daga bakin ma'aikaci, "Hajiya, za ki ji ɗumi kamar kin yi fitsari, ba ki yi ba, kada ki motsa," tana ceton hoto da mutuncin dattijuwa gaba ɗaya. A ganina rashin faɗin wannan jimla ya fi kowace illa ta maganin yawan ɓata aiki.

Borin jini, ƙaiƙayi ko amai kan samu kaɗan daga cikin mutane. Mai tsananin, wanda numfashi ke sarƙewa, yawanci cikin mintunan farko yake zuwa, shi ya sa ake cewa a zauna kamar rabin awa kafin a cire kanula, kuma shi ya sa bai halatta a yi wannan allura a inda babu adirenalin da iskar oksijin a kusa ba. Wanda ya fi shiga haɗari shi ne wanda ya taɓa yin bori da irin wannan allura, sai mai asma da ba ta lafa ba. Tsohuwar tambayar nan ta ko kifi ko jatan lande na sa ka bori ba ta da wata alaƙa ta musamman da aidin, ilimi ya wuce ta. Wanda ya taɓa yin bori ya nemi a rubuta masa sunan maganin a takarda ya adana, domin sau da yawa canza shi da wani ya wadatar. In kuma wurin kanula ya fara zafi yana kumbura, a yi magana nan take, maganin ne yake zuba a ƙarƙashin fata.

Batun ƙoda

Shekaru da dama ana koya wa likitoci cewa kwantiras babban makashin ƙoda ne. Da aka zo aka kwatanta dubban waɗanda aka yi wa CT da allura da waɗanda aka yi wa babu ita, sai aka ga yawancin lalacewar da ake ɗora masa ta ciwon da ya kawo mutum asibiti ce. A 2020 ƙungiyar likitocin hoto ta Amurka da gidauniyar ƙoda ta ƙasar suka fitar da matsaya ɗaya: haɗarin gaske yana kan wanda ma'aunin tacewar ƙodarsa, eGFR, ya gaza 30, ko wanda ƙodarsa ke cikin sabon rauni. Ko su ma ba haramci ba ne, ana ƙara musu ruwa a auna amfani da illa.

Wannan ba dalilin watsi da gwajin ƙoda na kiriyatinin ba ne, musamman a wurinmu. Hawan jini da ciwon suga sukan ci ƙoda shiru, mutum yana yawonsa. Ga zafin bazara, ga shan maganin ciwon jiki irin su diclofenac ba ƙa'ida, ga jiƙe-jiƙen da ba a san me ke ciki ba. A yankin Gashuwa da kewayenta an daɗe ana kuka da yawan ciwon ƙoda. Gwajin ba don a hana ka hoto ba ne, don a san da wace ƙoda ake magana. Mai shan maganin suga na metformin kuma in ƙodarsa ta yi rauni akan ce ya dakata da shi awa 48, ba don suna faɗa da kwantiras ba, sai don kada ya taru a jini. Mai maƙoƙon da ke aiki fiye da kima ya faɗa tun da wuri, domin tarin aidin na iya tunzura shi.

Mai shayarwa ba ta buƙatar yaye ko zubar da nono. Ƙasa da kashi 1 cikin 100 ke shiga nonon, kuma ƙasa da kashi 1 cikin 100 na wannan ne hanjin jariri ke tsotsa. Mai ciki, ko wadda ke zaton tana da shi, dole ta faɗa kafin ta hau gado. Game da azumi, Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi a zamanta na Jidda a 1997 ta lissafa allurar da ba ta abinci ba, da sinadarin hoto da ake ɗurawa ta mafitsara, cikin abubuwan da ba sa karya shi. Kunun bariyom kuwa sha ne. Sai dai tunda ana son a sha ruwa sosai bayan allurar, ya fi kyau a tattauna lokacin da likita.

Na'urar MRI kuma nata sinadarin daban, gadoliniyom, wanda aka fara sayarwa a 1988 da sunan Magnevist. Shi kansa guba ne, sai an kulle shi cikin wani haɗi. An ɗauke shi mara illa har 2006, lokacin da likitan ƙoda Thomas Grobner a Ostiriya ya danganta shi da wata cuta mai sandarar da fata da gaɓoɓi a jikin masu wankin ƙoda. Da aka daina ba su nau'o'in da kullinsu ke da rauni, cutar ta kusa ɓacewa. A 2014 masu bincike a Japan suka ga ɗan burbushinsa na zama a ƙwaƙwalwar waɗanda aka yi wa sau da yawa, abin da ya sa Turai ta dakatar da wasu nau'o'in a 2017 duk da ba a tabbatar da cutarwa ba. Ba a yi wa mai ciki shi sai dole. Har sikanin na ruwan sanyi da aka saba yi wa masu ciki yana da nasa: ƙananan kumfan iska da ba su kai ƙwayar jini girma ba, waɗanda ke fita ta numfashi, ba ruwansu da ƙoda.

Matan da ke neman haihuwa sun fi kowa sanin wani nau'in, hoton mahaifa da ake kira HSG. Ana yin sa bayan ɗaukewar al'ada, kafin tsakiyar zagayenta, a ɗura sinadarin ta bakin mahaifa a ga ko zai bi bututun ƙwai biyu ya zubo. Yana da murɗa irin ta al'ada, kuma labarin zafinsa a tsakanin mata ya sa wasu gudu. Akwai kuma tsohuwar magana cewa wasu na samun ciki bayan an yi shi. Ba camfi ba ne gaba ɗaya. Wani gwaji a Holan da aka wallafa a 2017 ya samu kusan kashi 40 cikin 100 na matan da aka yi wa da mai-mai sun ɗauki ciki cikin wata 6, a kan kashi 29 na waɗanda aka yi wa da mai ruwa. Man nan, Lipiodol, daga 'ya'yan fulawar popi ake yin sa, kuma tun 1921 likitocin Faransa ke ɗaukar hoto da shi.

Inda ba a buƙatarsa

Ba kowane hoto ne allura ke ƙara wa daraja ba. Wanda ya faɗo daga babur ya bugu a ka, ko wanda ɓarin jikinsa ya shanye yanzun nan, hoton farko babu kwantiras ake yi, domin sabon jinin da ya zuba fari yake fitowa da kansa, allura na iya rikitar da shi. Tsakuwar ƙoda ma haka, karaya ma haka, yawancin MRI na ciwon baya da gwiwa ma haka. Mai tsada ba shi ne mai kyau ba a nan, kuma majinyaci na da haƙƙin ya tambayi likita me allurar za ta nuna da ba za a gani ba in babu ita.

Kuskuren da ya fi yawa a wajenmu shi ne kishiyar wannan. Kuɗi ya gaza, 'yan uwa su ce a yi mai arhar kawai. A ɗauki hoton cikin mai ƙari babu allura, sakamako ya fito da shawarar a sake da kwantiras. An biya sau biyu, an sha hasken na'ura sau biyu, mako biyu ko uku sun tafi, wani lokacin ma da kuɗin mota daga wata jiha. Da an koma wurin likitan da ya rubuta takardar an ce masa ga abin da ke hannu, da wataƙila ya canza zuwa sikanin, ko ya ce a jira a haɗa kuɗin a yi sau ɗaya.

Tsadar kuwa ba daga ɗakin hoto ta taso ba. Yawancin aidin na duniya daga Chile da Japan ake haƙo shi, kamfanoni ƙalilan ne ke mayar da shi kwantiras, namu kuma daga waje ake shigo da shi, farashinsa na bin dala. A watan Afrilu 2022, da kullen korona ya tsayar da masana'antar GE Healthcare da ke Shanghai, manyan asibitocin Amurka da Ostireliya sun koma rage awo, suna raba kwalba ɗaya ga mutum biyu, suna ɗage duk hoton da ba na gaggawa ba, har sai da masana'antar ta koma cikakken aiki a watan Yuni.